Rantsuwa a Kan Abin da Ba Ka Gani Ba

Ƴan uwa, ga tambayar da ta fi wata biyu tana cina. In mahaifinka ya ce fari, ɗan da ka haifa ya ce baƙi, kai kuma ba ka wurin sa'ad da abin ya faru, ina za ka tsaya? Na kawo ta a zaman ƙungiya, ban ko rufe baki ba kusan kowa ya amsa: "Wajen uba mana!" Saurin amsar shi ya dame ni. Shi ya sa na ɗauko labarin wata mace daga nesa, can Meksiko, ƙasar da yawancinmu ba mu sani ba sai ta fina-finai masu dogon zango irin su Marimar da munka kalla da Faransanci muna yara. Da gangan na tafi nesa. In labarin maƙwabta ne, kowa sai ya fara lissafin dangi kafin ya yi tunani.

Sunanta Alejandra Guzmán. An haife ta a birnin Meksiko ranar 9 ga Fabrairu 1968, a gidan da shahara ta riga ta yi sheƙa. Uwarta Silvia Pinal na cikin manyan taurarin fim na ƙasar, ita ce ta fito a Viridiana na Luis Buñuel, fim ɗin da ya ci babbar kyautar bikin Cannes a Faransa a 1961, gwamnatin Franco kuma ta hana nuna shi a Ispaniya. Ubanta Enrique Guzmán na cikin samarin farko da sunka rera kiɗan rok da Ispaniyanci, tare da ƙungiyar Los Teen Tops. Iyayen sun yi aure a 1967, sun rabu a 1976, Alejandra na da shekara 8. Daga baya, a littafin tarihin rayuwarta da ya fito a 2015, Silvia ta ba da labarin duka da tsoron da ta sha a cikin wannan aure. A 1982 kuma yayar Alejandra da sunka haɗa uwa, wadda anka raɗa wa sunan wancan fim, Viridiana, ta rasu a haɗarin mota tana da shekara 19. Wannan shi ne gidan. Daga waje fitilu da tafi, daga ciki kuwa mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

A 1988, tana da shekara 20, ta fitar da faifanta na farko. Sunan faifan da na waƙar da ke cikinsa Bye Mamá, wato sai wata rana, mama. Waƙar ƙorafi ce, ɗiya ce ke gaya wa uwarta cewa ta girma tana ganinta a tele fiye da yadda take ganinta a gida. Ku tsaya ku auna wanga abu da kyau, don a nan ne zaren maganata ya faro. Yarinya ba ta je ɗakin uwarta ta faɗi ba, ba ta aika gwaggo ko kaka ba. Ta hau dandali ta faɗa wa ƙasa baki ɗaya, rediyo ya ɗauka, mutane sunka saya sunka rera. Uwar ta ji zafin abin ƙwarai. Amma duniya ta saurari Alejandra, kuma da wannan kukan ne ta buɗe ƙofar sana'arta.

Sauran abin da ya biyo baya ba zan daɗe a kai ba. Muryarta mai kaushi, rawa kamar ba ƙashi a jikinta, faifai bayan faifai: Eternamente Bella a 1990, Flor de Papel a 1991, fim ɗin Verano Peligroso a wannan shekarar, kyautar Latin Grammy a 2002 saboda faifan Soy, zagayen wasa tare da Gloria Trevi a 2017. Sun yi mata kirari da sarauniyar rok. Ta kuma yi fama da giya da ƙwaya, abin da ita da bakinta ba ta ɓoye ba.

A 1992 ta haifi ɗiya guda, Frida Sofía. Ba ta sake haihuwa ba. Barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe, haka muke cewa in muna yabo, amma karin maganar na da wani gefe da ba mu cika dubawa ba: abin da ya gudu da uwa shi kan gudu da ɗiya. Alejandra ta zama irin uwar da ta yi kuka da ita, yau tana wannan gari gobe tana wancan. Bayan an yi yunƙurin sace yarinyar a 2004, sai anka kai ta makarantar kwana a Amurka tana da shekara 12. Dalilin mai kyau ne, tsaro ne, ba wanda zai ce uwa ta yi laifi don ta nisanta ɗiyarta da ɓarayin mutane. Sai dai yaro ba dalili yake ji ba, rashin yake ji. A 2019 rikicinsu ya fito fili a Instagram, ɗiya na jifan uwa da maganganu masu nauyi gaban kowa.

Sai watan Afrilu na 2021. Frida ta zauna gaban wani ɗan jarida mai suna Gustavo Adolfo Infante, ta ce kakanta Enrique ya riƙa taɓa ta ta hanyar lalata tun tana da shekara 5. Tsohon ya fito tele shina kuka, ya musanta, ya ce bai taɓa yi ba. Alejandra ta fitar da sanarwa ta ce za ta sa hannunta cikin wuta saboda mahaifinta. A wurinsu wagga magana rantsuwa ce, ma'anarta ba ni da ko ɗigon shakka. Ta kuma kira ɗiyar su je su ga likitan ƙwaƙwalwa tare. A watan Yuni Frida ta kai ƙara gaban hukumar shari'a ta birnin Meksiko, ta haɗa kakan da uwar duka.

Ni ba alƙali ba ne, kuma ba shari'ar Enrique Guzmán na zo yi ba. Zargi ne, mai shi ya musanta, a nan na bar shi. Wadda nike kallo ita ce matar da ke tsakiya.

Bari in fara da hujjar waɗanda sunka ce uba, don hujja ce ta gaske, ba ta wasa ba. Wani ɗan uwa a cikinmu ya ce da ni: "Kai malam, mutumin nan ya haife ta, ta san shi shekara hamsin da wani abu. Yarinyar kuma shekara biyu tana zagin uwarta a intanet. Don me za ta bar wanda ta sani ta bi wadda ke jifanta?" Ya ƙara da cewa ƙazafi ba ƙaramin abu ba ne. Tsoho mai shekara 78, in anka shafa masa wannan baƙin fenti alhali bai yi ba, da shi za ya shiga kabari. Kuma in ɗiyar da ya haifa ma ta yi shiru, shirun nan kansa hukunci ne, duniya za ta ce ai ko ɗiyarsa ba ta kare shi ba. Duk wannan gaskiya ne. Wanda bai ji nauyinsa ba bai fahimci matsalar ba tukuna.

To amma ku duba abin da ta rantse a kai. Da ta ce ina son mahaifina, ta faɗi abin da ta sani. Da ta ce ni bai taɓa yi mini haka ba, nan ma shaida ce a kan abin da ta gani da idonta. Amma cewa bai yi wa Frida ba, wannan magana ce a kan ɗakin da ba ta ciki, a shekarun da ita kanta ta san yawancinsu tana kan hanya. Shaida sai da gani. Sanin halin mutum wani abu ne, sanin abin da ya aikata ranar kaza wani abu ne daban, kuma mu duka mun san mutanen da anka yi wa shaidar kirki shekara talatin kafin asiri ya tonu. Balle ita da uwarta ta riga ta rubuta a littafi cewa mutumin nan na da wata fuska a cikin gida. Dukan mata ba ya tabbatar da wancan zargi, ko kusa, kar a ce na ce. Abin da yake tabbatarwa kawai shi ne Alejandra na da dalilin da za ta san cewa fuskar dandali ba ita ce dukan mutum ba.

Ashe ke nan rantsuwar ba labari take bayarwa a kan uban ba. Labari take bayarwa a kan mai rantsuwar: ga ɓangaren da na zaɓa. Kuma haka ɗiyar za ta ji ta.

A nan ne nike ganin mun haɗa abu biyu da ya kamata a raba, yarda da saurare. Muna ɗauka in ka saurari mai ƙara to ka gaskata shi, in ka gaskata shi to ka kashe wanda ake ƙara. Saboda tsoron na ƙarshen sai mu toshe na farkon. Alhali alƙali ma, wanda aikinsa ne yanke hukunci, sai ya ji ta bakin kowa kafin ya buɗe nasa. Uwa kuwa ba a ɗora mata yanke hukunci ba sam. Ba wanda ya ce Alejandra ta fito ta ce mahaifina mai laifi ne. Akwai magana ta uku da za ta iya faɗi ba tare da ta yi wa kowa ƙarya ba: ban gani ba, ubana ne, ɗiyata ce, zan je in zauna da ita in ji, hukuma kuma ta yi bincikenta. Wagga magana ba ta da daɗin ji a tele, ba ta da zafin rantsuwa, kuma mai faɗinta za ya sha suka daga ɓangare biyu. Amma ita kaɗai ce daidai da iyakar abin da ta sani.

Za a ce ai ta kira ta zuwa wurin likita, wannan ba kulawa ba ce? Na yi ta juya wannan a raina. Neman magani ba aibu ba ne, wanda anka cuta ma shina bukatarsa fiye da kowa. Matsalar ita ce jerin maganar. In ka fara da cewa na rantse bai yi ba, sannan ka ce zo mu je likita, to ka riga ka gaya wa mutum cutar da za a duba, wato kansa ne ba daidai ba. Da likitan ya zo kafin rantsuwar, ko ya zo babu ita, da ma'anarsa ta sake.

Wannan kuwa ba sai an je Meksiko ba. A unguwarmu, ina ƙarami, wata yarinya ta faɗi wata magana a kan wani babba na gidansu. Ban san gaskiyar abin ba har yau, kuma ba shi ne zancen ba. Abin da na gani da idona shi ne kafin magariba an gama shawara cewa iska ce ta taɓa ta. Anka kira mai ruƙiyya, anka yi hayaƙi, anka ce kowa ya kama bakinsa. Ba wanda ya tambaye ta yaushe, ko a ina. Mu muna cewa aljanu, su suna cewa ciwon ƙwaƙwalwa, aikin da kalmar ke yi guda ne: ta mai da mai magana marar lafiya don kar a ji abin da ya ce. Kuma sunan da muke ba wannan aiki mai kyau ne ƙwarai, rufin asiri. Sai dai in an rufa, ya kamata a tambaya asirin wa anka rufa, kuma wa anka bari a waje cikin sanyi.

Yanzu ga inda na fi samun gardama da ƴan uwa, batun wa ya fi haƙƙi. Mun tashi an koya mana cewa bashin iyaye ba ya biyuwa, kuma haka ne. Amma bashin da ke kanka na uba da wanda ke kanka na ɗa ba iri guda ba ne. Na uba godiya ce a kan abin da anka riga anka yi maka. Na ɗa amana ce, kai ka kawo shi, bai roƙe ka ba, kuma lokacin da yake shekara 5 ba shi da wata hukuma a duniya sai kai. In wani abu ya sami yaro a wannan shekarun, ko da ba ka sani ba, a cikin gadinka ya faru. Shi ya sa nike zargin cewa rantsuwar irin wagga ba uba kaɗai take karewa ba. In maganar Frida ta tabbata, tambaya ta gaba ita ce ina uwar take. Mutum na iya sa hannu a wuta don uba, alhali kansa yake tsamowa daga cikinta. Ban ce haka zuciyar Alejandra take ba, Allah kaɗai ya san zuciya. Na ce dai duk wanda ya sami kansa a wurin, ya binciki kansa ta wannan gefen kafin ya rantse.

Ko addinin da muke kafa hujja da shi wajen biyayya bai ce a ba iyaye shaidar da ba a gani ba. Ya hore mu da kyautata musu, ya kuma hore mu da tsayar da adalci a shaida ko da a kan iyaye da dangi ne, duba suratun Nisa'i. Kyautatawa na nan, ciyarwa, ziyara, tausasa harshe, rashin wulaƙanci ko da sun yi laifi. Ba a sa rantsuwa a kan gaibu cikin jerin ba.

Sannan a duba wa ke da wa. Tsohon na da suna na shekara sittin, da masoya, da gidajen tele da za su buɗe masa ƙofa ya yi kuka gaban miliyoyin mutane, da lauyoyi. Frida ma ba marainiya ba ce, tana da baki, tana da masu binta, kada mu mai da ita abin da ba ita ba. Amma uwa guda gare ta. Kariyar da Alejandra ta ba ubanta, wasu da yawa na iya ba shi irinta. Abin da ta hana ɗiyarta kuwa ba mai iya bayarwa sai ita.

Kar in yi mata rashin adalci, matar nan ta sha wuya. A 2007 anka gano mata sankarar mama, anka yi mata aiki. A 2009 ta je gyaran jiki, anka yi mata allurar wani sinadari a ɗuwawu, abin ya ruɓe, ta kusa mutuwa. Tun daga nan an yi mata tiyata gommai ana sassaƙo abin daga cikin namanta, kuma tana tashi daga gadon asibiti ta koma dandali. Wallahi wanda ya ga wannan ba za ya ce mata raguwa ba. Wata ƴar uwa a zamanmu ta ce: "To ku bar ta mana, wadda ta ga wannan duka, me kuke so ta ƙara ɗauka?" Na ji tausayin da ke cikin maganar, kuma shi ya sa ba na iya tsanar Alejandra. Wahala na sa a yi wa mutum uzuri. Amma uzuri na mai laifi ne, ba ya mai da abin ya zama daidai, kuma ba ya rage wa wanda abin ya faɗa a kansa komai. Yarinyar da uwarta ba ta nan saboda tana asibiti da wadda uwarta ba ta nan saboda tana wasa, dare guda suke kwana.

Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne 1988. Ba don in ce alhaki ne ya kama ta ba, wannan maganar ƴan kallo ce, mai sauƙi, kuma ba ta kai mu ko'ina. Ƙorafin Alejandra a kan uwarta ƙarami ne in an gwada da zargin Frida, ba a ma haɗa su. Amma ita ta fi kowa sanin abin da ke sa ɗiya ta ɗauki maganar gida ta kai kasuwa: sai in ta ƙwanƙwasa a ciki ba a buɗe ba. Ta san wannan da jikinta. Wanda anka taɓa saurara sa'ad da ya yi kuka, shin ba a bin sa bashin kunne? Ni ina ganin ana bin sa, kuma wanda ya fi cancanta ya karɓi biyan shi ne na ƙasa da shi, tunda na sama ya riga ya wuce.

Akwai kuma wani abu da ke ba ni mamaki a gidan nan. Silvia Pinal ta shafe sama da shekara 20 tana gabatar da wani shiri a tele, Mujer, casos de la vida real, har zuwa 2007. Mata ne ke aiko da wasiƙu daga ko'ina cikin ƙasar, labarin duka, fyaɗe, cin amana a cikin gida, a mai da su wasan kwaikwayo a nuna. Gidan da ya koya wa Meksiko sauraren matan da ba a sani ba, shi ne ya rasa yadda za ya yi da muryar tasa jikar. Ba na faɗin haka da dariya. Sauraren baƙo ba ya cin ka komai. Naka ne in ya yi magana sai katangar ɗakinka ta motsa.

Ɗan uwan nan da ya fara ce mini uba bai sauka daga ra'ayinsa ba, kuma ya bar ni da tambayar da ban gama da ita ba. Ya ce: "To in ta je ta saurara, ta dawo har yanzu zuciyarta na gaya mata ubanta bai yi ba fa?" Na ce masa to sai ta riƙe abin da zuciyarta ta gaya mata, ba wanda ke iya tilasta wa mutum yarda. Amma ta san cewa zato ne take riƙe da shi, ta kira shi da sunansa, kuma kar ta kai shi tele kafin ta kai ƙafarta ƙofar ɗiyarta. Ya ce wannan ai raba ƙafa ne. Na ce mai uba a hannun dama da ɗiya a hannun hagu, dama can a rabe yake, ba ni na raba shi ba. Munka tashi a haka, shayi ya huce.

Silvia Pinal ta rasu ranar 28 ga Nuwamba 2024. Anka kai gawarta fadar Bellas Artes, babban gidan fasaha na birnin Meksiko, jama'a sunka yi layi suna ban kwana, Alejandra na tsaye wajen akwatin tare da ƴan uwanta. Frida ba ta wurin. Tana Amurka, ta waya ta yi sallama da kakarta.